Allon Ishaya da Ramin Mama Helen

Ranar da kwamitin gyaran tafki ya kafa allo a bakin ruwa, Mama Helen ko tuwo ba ta iya ci ba don haushi. An rubuta da jan fenti: AN HANA HAƘA ƘASA A NAN. Ita kuwa shekara arba'in ke nan tana ɗibar yumɓu a wannan gefe, da shi take gina tukwanen da ta raini 'ya'ya shida da su. Abin da ya fi ƙona mata rai, ƙanin mijinta ne, Ishaya, shugaban kwamitin, ya buga ƙusar da hannunsa, yana wani hura hanci kamar shi ya haƙa tafkin.

A faɗi gaskiya, tafkin nan na bayan ƙauyensu a wajen Yangoji ya lalace. Leda ta cika shi, yashi ya gangaro daga gonaki ya binne rabinsa. Duk Asabar gari yakan fito, masu zuwa coci da masu zuwa masallaci, a kwashe shara, a dasa ciyawar jema a gangare don ta riƙe ƙasa. Injiniya Kauthar, wadda ke zuwa daga cikin Abuja ranar hutunta don ta taimaka, ita ta ce haƙa na zaizaye bakin tafki.

Tafki ya yi fes, amma da rani ya shigo sai ruwan ya janye fiye da kowace shekara. Kauthar ta ce tsohuwar taswira ta nuna akwai idon ruwa a ƙarƙashi, in ba a gano shi ba wahalar banza aka yi. Asabar uku tana yawo da na'ura, an tona rami biyar, duk ƙayau. Helen na gindin ɗorawa tana kallo, hannunta na ƙaiƙayin yumɓu.

A ta huɗu ta kasa haƙuri.

"'Yata, wannan na'ura naka yana jin sanyi a ƙafa?"

Kauthar ta yi dariya. "Mama, in kin san wurin, don Allah ki nuna mana."

"Ni? Oga ya hana ni taɓa ƙasa."

"Haba, Maman Silas," in ji Ishaya yana sosa ƙeya, "ai dokar kwamiti ce."

Ta tuɓe silifa, ta wuce duk turakun alama da Kauthar ta kakkafa, ta tsaya daidai gindin allon, inda tsohon raminta ya cike da yashi.

"Nan. Duk rani sai na kwashe yashi kafin in kai ga yumɓu, ruwa mai sanyi yana taso mini, yana ɓata mini aiki. Bana ban kwashe ba."

Kauthar ta dafe ƙirji. "Ashe ke kike buɗe shi duk shekarun nan! Wallahi laifina ne, Mama."

Aka sa shebur. Ramin bai kai ƙugu ba sai ga ruwa yana ɓulɓulowa, garau, mai sanyi. Mata suka rangaɗa guɗa. Kauthar ta faɗa ciki har da takalmi, mayafinta duk laka, ta rungume tsohuwar. Helen kuwa farin ciki ya cika ta har hawaye, tana dariya tana matsa yumɓu a tafin hannu.

Ishaya bai jira a zauna taro ba. Ya girgiza allon, ya tumɓuke, zai jefar.

"Kawo nan," in ji Helen.

Ta kife shi, ta lafta yumɓu a kai, ta ɗora a kafaɗa yadda matan garinsu ke ɗaukar kaya.

"Ishaya, ka iya zaɓen katako," ta ce, ta kama hanyar gida.