Kalmar da Aminullahi bai sani ba

Kalma biyar Aminullahi ke haddacewa kullum bayan sallar asuba. Wayarsa ta furta masa, shi ya maimaita, sannan ya rubuta ma'anar a ɗan littafin da ba ya rabuwa da aljihunsa. Malamin firamare ne a Aliero, amma tun da ya kama wannan hidima duk ƙauyensu Danwarai ya zama ajinsa. Mai shayi ya sha gyara, direban Jega ya sha gyara. Hatta albasar da mahaifinsa Ɗantsoho ya yi shekara arba'in yana nomawa, sai da Aminullahi ya zaunar da tsohon ya koya masa yadda Turawa ke kiranta, da inda ake danna murya. Albasar dai ba ta ƙara girma ba.

Abu ɗaya ne ba a taɓa ji daga bakinsa ba: ban sani ba. Mahaifiyarsa Uwani da wannan take tutiya a gidan suna da gidan biki, wai ɗanta ya shanye Turanci har ya suɗe kwanon.

Da ciwon cikin Ɗantsoho ya ƙi ci ya ƙi cinyewa, aka kai shi wani asibiti a Jega. Likitan ɗan bautar ƙasa ne, Hausarsa ba ta wuce sannu ba. Aminullahi ya gyara hula, ranar da yake jira ta zo. Ya gaishe shi da kalmomi uku masu nauyi, ɗaya ma jiya ya haddace ta.

Likita ya duba takardar gwaji, ya kira Aminullahi bakin ƙofa, ya yi bayani a hankali. A tsakiyar bayanin ya ce, "Malignant."

Aminullahi ya san ta. Tana shafi na tara a littafinsa, da jan biro ya rubuta: ƙari mai yaɗuwa, mai kisa. Har ya lura likitan bai danna muryar inda wayar ke dannawa ba, bakinsa ya buɗe don gyara, kamar yadda ya saba. Sai tsoro ya kama shi, ya rufe bakin.

Uwani na zaune kan tabarma gefen gadon, tana yi wa mijinta fifita.

"Mi yac ce?" ta tambaya. "Kai da kas san Turanci, hwaɗa muna."

Ɗantsoho ma ya juyo da kai yana jira. Aminullahi ya laluba aljihu, ya taɓa littafin, ya bar shi a ciki.

"Inna," ya ce, "wagga kalma ban san ta ba."

Uwani ta daɗe tana kallonsa. Sannan ta aje mafici, ta ja gyale ta rufe fuska.