Tekun Kakana Ne

Tun daga kwanar da kwalta ta ƙare a hanyar garin Currawin Rodney Vella ya fara neman dalilin juyawa. 'Yarsa Marnie tana gefensa, ta miƙe ƙafafu kan gaban mota tana gutsurar ayaba. Allonta na hawan igiyar ruwa yana ɗaure a saman motar, iska tana kaɗa maɗaurinsa yana wani siririn kuka.

"Akwai bakin teku a Wollongong, mai faɗi, da masu ceto da tutocinsu," ya ce. "Har yanzu muna iya juyawa."

"Baba, tun daga Penrith kake faɗar wannan."

"To ai tun daga Penrith nake da gaskiya."

"Kuma ka yi min alkawari. Ba za ka roƙi kowa ba, ba za ka faɗa wa 'yan wurin ko kai wane ne ba. In za su kore ni, su kore ni da kaina."

Ya ce ya ji. Bai ce ya yarda ba.

Currawin ba ta canja ba. Ga tudun dutsen da ya miƙa hancinsa cikin teku, ga itatuwan da iska ta kwantar gefe guda, ga igiyoyin ruwa suna zagayo dutsen a jere, a hankali, kamar ba su farka daga barci ba. Hazon gishiri ya rataya a kan ruwan, rana tana bi ta cikinsa. Can nesa mutum shida ko bakwai suna zaune a kan allunansu, baƙaƙe cikin rigunan roba, suna hawa suna sauka tare da numfashin teku.

Rabon Rodney da wurin nan tun yana saurayi mai gashi har kafaɗa. A lokacin shi da abokansa uku suka aro motar yayan wani, suka baro unguwarsu ta yammacin Sydney inda babu komai sai zafi da kwalta, suka zo ganin ruwan da ake ba da labari. Ba su kai ga jiƙa gwiwa ba aka kore su. Da suka dawo wurin motar sai suka tarar an sace iskar tayoyin, an goge gilashin gaba da kakin da ake shafa wa allo an rubuta musu su koma gida. A hanyar komawa, bayan sun hura tayoyin, suna leƙen titi ta ɗan wurin da suka kankare, Rodney ya fara dukan cinyarsa da babban yatsa, sauran suka riƙa jefa baituka don su huce.

Haka aka haifi waƙar. Sun sa wa ƙungiyarsu suna Marasa Teku. Rodney yana kan bas, wato jita mai kaurin murya, yana marin wayoyinta da yatsa har ta riƙa tsalle kamar kiɗan rawa, jitar abokinsa kuma tana gurnani a kai kamar ana yankan ƙarfe. Irin kiɗan da ake kira fank-metal ke nan, a shekarun nan shi ake yayi a mashayu. Mawaƙinsu Col yakan sa gashin roba mai ruwan zinariya, ya turo ƙirji, ya ari bakin ɗan bakin teku:

*Tekun kakana ne, shi ya haƙa shi da cebur,*
*gishirin ma daga kicin ɗinmu aka ɗebo.*
*Koma gida, ɗan yamma, ka yi iyo a baho.*

'Yan yamma suka yi ta dariya har da hawaye. Rediyon ɗalibai ta ɗauka, daga nan babbar rediyo ta ɗauka, sai dai ta ce waƙar ta yi tsawo, ta datse baitin ƙarshe, inda ganga take yin shiru kiɗan ya kwanta. Bazara ba ta fita ba Rodney ya fara ganin sunan waƙar a manne a bayan motocin 'yan bakin teku. Su da aka yi ta don a tsokane su, su suka ɗauke ta suka mai da ita tasu. Ana kunna ta a gasarsu, ana kunna ta a bikin aurensu. Col ya ce shi ba zai ƙara rera ta ba, ya tattara ya tafi Darwin. Rodney ya aske gashinsa ya koyi gyaran na'urar sanyaya ɗaki, ya yi aure, aka haifi Marnie. Sai ga yarinyar nan, duk abin da ke duniya, ba ta ga abin so ba sai teku. Jirgin ƙasa take bi da allonta tun tana 'yar sakandare. Yanzu kuma ta ce sai Currawin.

Sun tsaya a filin ajiye motoci da ke kan tudun. Marnie tana kwance allonta sai ƙarar waƙar ta tashi daga wata tsohuwar a-kori-kura da ke fuskantar teku: yatsansa ne, nasa na kansa, yana marin waya tun daga wancan zamanin. Manyan lasifikoki biyu ne a bayan motar. Can cikin ruwa kawuna suka juyo gaba ɗaya.

Kowa a gaɓar nan ya san ma'anarta. In baƙuwar mota ta tsaya a kan tudu, ana kunna waƙar don na cikin ruwa su sani, su haɗa kai, kada baƙo ya samu ko igiya ɗaya.

"An yi maka maraba, Baba," Marnie ta ce tana murmushi, tana jan zif ɗin rigarta ta roba. Ta rungumi allonta ta bi 'yar hanyar da ta gangara cikin duwatsu. Bai ce mata ta yi hankali ba, don ya riga ya faɗa har ta daina ji.

Ya tsaya ya jingina da shingen katako, kusa da a-kori-kurar. Ya ga ta faɗa ruwa, ta zama ɗan ɗigo, ta isa wurin mutanen ta zauna a gefe kamar yadda ladabi ya ce. Igiya ta farko ta zo, wani ya ɗauka. Ta biyu ma haka. Da aka zo kanta, ta juya allonta ta fara tuƙi da hannu, sai wani ƙato ya shigo gabanta ya tare, dole ta janye. Ta sake gwadawa, wani ya watsa mata ruwa a fuska. Waƙar tana kaiwa inda rediyo ta datse, sai a ji ƙarar an danna, a mai da kaset baya, a sake farawa.

"Kai, mai sanƙo," aka ce daga cikin motar. "Zo nan."

Tsoho ne, fatarsa ta ƙone ta zama kamar ta tsohon takalmi, sandar dogarawa a kujerar gefe, ƙaramin kare a kan cinyarsa. Rodney ya gane shi nan take. Kelvin Duggan ne, wanda ake kira Dugga, shi ne mai kakin allo na wancan karon.

"Yatsanka nake kallo," in ji Dugga. "Tun ɗazu kake dukan katakon nan. Duk garin nan suna bin waƙar da baki, amma ban taɓa ganin wanda ya bi wannan ɗan juyin na tsakiya daidai ba." Ya ɗauko kwalin kaset da rana ta cinye, ya dubi hoton, ya dubi Rodney. "Ina ka kai gashin, mutumina?"

"Inda ka kai ƙugunka," Rodney ya ce, bai san sanda ta fito ba.

Dugga ya yi dariya har tari ya sarƙe shi, karen ya yi haushi. "Shigo ka zauna. Ture sandar. Ga fai nan, gasasshen ƙullu mai nama a ciki, ya huce, amma kai ɗan yamma ne, me ka sani."

Rodney ya shiga. Motar tana warin gishiri da kare. Ta gilashi yana hango Marnie, an sake tare ta, ta koma gefe ta zauna tana share fuska.

"Taka ce?" in ji Dugga.

Ya tuna alkawarinsa. "Tawa ce. Ba abin da na zo roƙo."

"Da ma ba na bayarwa. Ruwa ba na shiga yanzu, likita ya sa min ƙarfe a ƙugu. Aikina ke nan, danna wannan." Ya mai da kaset baya, cebur ɗin kaka ya sake fara haƙa teku.

Rodney ya daɗe yana ɗauke da maganar nan. Ya sha faɗinta a ransa yana kan tsani a gidajen mutane, da kalmomi masu zafi. Da ta zo fita sai ta fito a sanyaye.

"Dugga, ka san fa da ku muke. Waƙar nan. Dariya muke muku."

Tsohon ya juyo ya dube shi kamar ya ce masa ruwa yana jiƙa mutum. "Ka ɗauka jakuna ne mu? Kakana ya haƙa teku da cebur? Kakana mahauci ne, ko wanka sai an yi da gaske. Tun ranar farko muka sani. Matata ta yi wata guda tana kirana mai cebur."

"To me ya sa…"

"Wa ya taɓa yi mana waƙa in ba ku ba? Ka zage mu, amma ka zage mu daidai. Har yadda nake turo ƙirji mawaƙinku ya iya." Ya shafa kan karen. "Kuma kaset ɗin farko ne wannan, ba na rediyo ba. A wata mashaya a garin Nowra na saya, a hannun mai gangarku. Baitin ƙarshe yana nan."

"Kuna jinsa?"

"In wani namu ya mutu. Sai a fita da alluna a yi da'ira a bayan dutse, a watsa furanni, ni kuma in bar shi ya wuce daga nan sama. Bara sau biyu na bar shi." Ya dubi Rodney. "Wa ya rubuta wannan ɗin? Kullum ina so in tambaya."

"Ni ne. A kan tebur ɗin uwata. Ban ma san me nake nufi ba a lokacin."

"Haka na zata. Yaro bai isa ya san wannan ba."

Suna cikin maganar, amshi na ƙarshe ya zo ya wuce. Rodney ya dubi hannun Dugga. Yana kan karen. Bai ɗaga ba. Ganga ta yi shiru, jitar ƙarfe ta janye, sai bas kaɗai ta rage tana tafiya a hankali, kamar mutum yana taka rairayi da ƙafa ba takalmi. Muryar Col ta fito, ba turo ƙirji, ba komai:

*Na kori kowa, ga teku, ga ni.*
*Rana ta yi ƙasa, hannuna ya gaji.*
*Wa zai tsaya a kan tudu ya ce ya gan ni?*

Sautin ya gangara tudu ya bi kan ruwa. Mutanen suka daina tuƙi ɗaya bayan ɗaya. Suka miƙe zaune a kan allunansu suka juyo suna kallon tudun, wani ya cire hularsa, wani yana duba fuskokin 'yan'uwansa yana neman wanda babu. Hazon ya yi haske har ba a rabe ruwa da sama. A bayansu wata doguwar igiya ta zagayo dutsen, koriya, santsi kamar gilashi, ba wanda ya gan ta sai mutum ɗaya.

Marnie ta juya allonta.

Rodney ya riƙe ƙofar mota. Ya ga igiyar ta ɗaga ta, ta ɓace, sai ga ta a tsaye, gwiwa a lanƙwashe, hannu ɗaya yana shafar bangon ruwan. Ta wuce ta gaban mutanen nan duka, ba sauri, farin layi yana bin ta a baya, har can cikin lungun da rairayi yake. Bai saki ƙofar ba sai da ta kwanta kan allonta a ruwa marar zurfi.

Kaset ya kai ƙarshe ya tsaya da kansa. Ba a jin komai sai teku.

"Mantawa ka yi?" Rodney ya tambaya.

"Tsufa ne," in ji Dugga, yana kallon gaba. "Yau zan sha zagi. Sun ɗauka ni ne na tafi." Ya zuro hannu ta taga ya ɗaga sandarsa sama ya girgiza. Daga cikin ruwa wata murya ta taso, iska ta kawo rabinta: tsohon banza, ka tsinka mana zuciya. Wani ya buga ruwa da tafin hannu, dariya ta biyo baya.

Marnie ta riga ta juya tana komawa. Da ta iso wurinsu, ƙaton da ya fara tare ta ya dube ta, ya dubi tudu, ya ɗan ja allonsa gefe. Ba da yawa ba. Daidai wurin zaman mutum ɗaya.

"Ta iya lanƙwasa gwiwa," Dugga ya ce. "Ba a wurinka ta gado ba. Ci fai ɗin nan, kafin kare ya riga ka."

Rodney ya gutsura. Ya huce ɗin kuwa. Idonsa yana kan ɗan ɗigon nan da ke hawa yana sauka a tsakiyar sauran, yatsansa kuma ya kwanta shiru a kan gwiwarsa.