Saran Kububuwa Ranar Hadarin Ƙanƙara

Tun farkon watan Agusta ruwa ya cinye hanyar Baturiya. Babur ba ya wucewa, kwalekwale kuma sai ya yini yana kokawa da ciyawar kacalla kafin ya hango Haɗejiya. A irin wannan lokaci ake neman 'yan hadari, mutanen da ke ɗaura wa jirgin katako babban fiffiken tamfol, su jira iskar da ke gaban ruwan sama ta ɗauke su daga kan kogi ta yi yamma da su. Zarami yana cikinsu. Wajen mahaifinsa, mutumin bakin Tafkin Chadi, ya gaji jirginsa, kuma ƙanwarsa Mansura ce ke riƙe masa igiyar baya tun tana budurwa.

Wata ranar Laraba Haladu, mijin Mansura, ya je ɗebo itace a kan tudu, inda macizai suka gudo wa ambaliya. Kububuwa ta sare shi a idon sawu. Kafin azahar ƙafar ta kumbura har gwiwa, jini ya fara tsatsowa daga dasashinsa.

Mansura ta iske yayanta a bakin ruwa yana jan jirgi zuwa tudu, kamar yadda sauran 'yan hadari ke yi.

"Ya Zarami, mayar da shi ruwa. Gabas ta haɗo."

"Dube ta da kyau," in ji shi.

Ta duba. Hadarin baƙi ne wuluk, gindinsa ya yi kore-kore, iskar da ke fitowa daga cikinsa sanyi gare ta kamar ruwan randa. Ƙanƙara ce. Ba wanda ke hawa irinsa.

"Na gani," ta ce. "In muka jira wani, gawarsa za mu ɗauka."

Mahaifiyarsu Hajja tana tsaye a bayansu da carbi a hannu. Ba ta hana ba, ba ta kuma ce su tafi ba. Ta dai cire mayafinta ta miƙa wa Mansura, ta ce a lulluɓe wa Haladu kai.

Aka kwantar da shi a tsakiyar jirgi, aka ɗaure shi da igiya a jikin katako. Zarami ya tura da gora zuwa fili, ya yi bismilla, ya saki fiffiken. Tamfol ya cika da ƙara kamar an harba bindiga. Jirgin ya yi gudu a kan ruwa, ya yi tsalle, ya dawo, a karo na gaba bai dawo ba. Kawunan giginya suka wuce ta ƙarƙashinsu, garken tsuntsayen dinya ya watse yana kuka.

Da fari tafiyar ta yi kyau. Suna gaban hadarin, inda ya kamata su tsaya, fadama shimfiɗe a ƙasa har iyakar gani. Haladu ya buɗe ido ya tambayi inda suke, Mansura ta ce masa ya yi shiru ya yi salati.

Sai duhu ya rufe su ta baya.

Ƙanƙarar farko ta faɗo cikin jirgi, girmanta ya kai goruba. Wata ta biyo, sannan suka zubo gaba ɗaya. Mansura ta sunkuya a kan mijinta da igiyar a naɗe a hannu, tana jin duwatsun sanyi suna dukan bayanta. Iska ta daina tura su gaba, ta koma tsotsar su sama. Kunnuwanta suka toshe. Ta cikin wata ɓaraka a gajimare ta hango rufin kwanon Haɗejiya da turakun waya, sun ƙanƙance kamar tsakuwa, suna zamewa baya.

"Saki baya!" Zarami ya daka mata tsawa. "Mun wuce gari!"

Ta saki, amma igiyar ba ta motsa ba. Ta sha ruwa ta kumbura, ta maƙale a cikin zoben ƙarfe. Zarami ya rarrafo ya sa hannu zai fizge ta, iska ta wafce fiffiken gefe guda, igiyar ta murɗe masa tsintsiyar hannu. Mansura ta ji ƙarar ƙashin duk da tsawar da ake yi.

Ya zube a kan gwiwa, fuskarsa ta yi fari. "Akwai adda a ƙarƙashin kujera," ya ce da ƙyar. "Igiyar ɓangaren hagu kawai za ki sare. Kada ki taɓa dama, in kika yanke duka faɗowa za mu yi."

Ta miƙe, jirgin yana karkata, ba abin da ke tsakaninta da ƙasa sai katakon da ta take. Saran farko ya zame. Ta gyara tsayuwa, ta sake kai wa igiyar sara kusa da zobe, ta tsinke. Rabin tamfol ya yage ya yi sama. Jirgin ya soma juyi yana gangarowa, ruwa yana dukansu ta ko'ina. Ta kwanta a kan Haladu, ta riƙo rigar yayanta da ɗaya hannun.

A cikin wata gonar shinkafa suka faɗa, can wajen Auyo. Ruwan gonar da laka suka tare su, jirgin ya yi ta jan ciki yana kwantar da shuka har ya tsage a jikin kunyar gonar.

Wasu manoma da suka fake a bukka suka fito da gudu. Ɗayansu, Gambo, mai gonar, yana da babur a kan hanya. Bai tambayi kome game da shinkafarsa ba. Aka ɗora Haladu a bayansa, Mansura ta hau ta tallafe shi, suka bar Zarami zaune a laka yana rungume da hannunsa, yana ce musu su tafi kawai.

Magariba ba ta yi ba aka ɗaura wa Haladu ruwan maganin dafi a asibitin Haɗejiya. Likita ya ce jinin zai tsaya, ƙafar ma za ta tsira, sai dai zai daɗe a kwance. Zarami ya iso daga baya a keke-napep, aka sa masa filasta har gwiwar hannu. Hannun bai koma daidai ba, igiyar gaban jirgi da ya saba riƙewa ta fi ƙarfinsa daga ranar.

A daren da aka sa masa filastar ya sami Mansura a barandar asibiti, laka ta bushe a zanenta, bayanta duk tabon ƙanƙara. Ya zauna kusa da ita. Wata mata mai jinya ta miƙo musu kunu a kofi, Mansura ta miƙa hannu za ta karɓa. Zarami ya amshe kofin da hannunsa mai lafiya ya riƙe mata ta sha.