Kabarin da Ba a Yi wa Sallama

A bakin gonar Malam Sama'ilu, a Gangaren Bariki, wani ƙauye tsakanin Roni da Gwiwa, akwai tsohuwar tsamiya. A ƙarƙashinta akwai daɓen siminti mai tsawon mutum, wanda kowa ke kira Kabarin Bature. Babu rubutu a kansa, amma wa yake neman rubutu? Musulmi dai ba a danne shi da siminti. Ƙasa ake tara masa, a kafa guntun itace ko fasasshiyar tukunya, damina ta zo ta baje, shi ke nan. Don haka babu mai yi wa wannan kabari sallama, babu mai karanta masa ko Ƙulhuwallahu. Yara su jefe shi da kashin jaki, manya su kau da kai su wuce.

Wurin kuma ba lafiya ba. In rana ta take tsaka, gari ya yi tsit, akan ji fito daga gindin tsamiyar, siriri, yana hawa yana sauka, irin wanda ake yi wa doki in an kai shi shan ruwa. Jaki ko doki in ya tsinke, ba a wahalar nemansa. Can za a same shi tsaye kusa da simintin, kai a sunkuye, ko ƙuda ba ya kora. Mutanen gari suka yanke cewa fatalwar Baturen ce ke kiran dokinsa.

Malam Sama'ilu ya haura tamanin, kuma duk garin babu wanda ya tsani wurin kamarsa. Dalilinsa a bakin mahaifiyarsa Dela ya ji shi. Shekarar ɗiban gwamna, lokacin da ake kama maza ana kai su haƙar kuza, labari ya iso cewa Baturen da ake wa laƙabi da Mai Lofe yana tafe zai sauka a bariki. Gari ya watse. Aka kwashi yara da awaki aka bi ta Babura, aka tsallaka ƙasar Faransa. Sama'ilu yana goye a bayan uwarsa. Ubansa Mamuda, wanda shi ke kula da dokin Bature duk sanda ya sauka a nan, ya ce su yi gaba, dabba ba ta yi wa kowa laifi ba, in dokin ya iso zai ba shi ruwa ya biyo su.

Bai biyo su ba. Da suka dawo a farkon damina, bariki babu kowa, sai sabon siminti a gindin tsamiya. Aka ce Bature ya mutu, yaransa sun binne shi sun tafi, Mamuda kuma ya bi su. Daga baya wani fatake ya rantse ya gan shi a Kano da gajeren wando na kaki, yana yi wa Turawa fadanci. Dela ta jira har ta gaji, alƙali ya raba auren, ta yi wani, amma ɗacin bai bar bakinta ba har ta koma ga Allah. In ta kama hannun Sama'ilu na hagu ta ga cindon da ke gefen ƙaramin yatsansa, sai ta yi tsaki ta ce, "Gadonka ke nan. Abin da ya bar maka ke nan ya bi kafiri." In kuma fiton ya taso suna gona, takan toshe kunne da ɗankwali, ta ce mataccen ma dariya yake yi mata.

Haka Sama'ilu ya tashi. Allah ya ba shi 'ya'ya maza, bai sa wa ko ɗaya Mamuda ba. Bayan salla yakan ce Allah ya jiƙan mahaifiyata, ya shafa, ya tashi. Malamai sun yi masa nasiha har sun haƙura, domin shi irin mutanen nan ne da za su ce maka "gaskiya ne, Malam," su kuma ci gaba da abinsu. A gefen simintin nan yake wasa fartanyarsa, da gangan, shekara da shekaru, har wurin ya yi kwarmi. In fito ya fara, sai ya ja hularsa ya rufe kunnuwa.

Bana babban ɗansa Lauwali ya zo da shawara. Gindin tsamiyar nan ne ya fi kusa da ruwa, yana so ya haƙa rijiya ya yi noman rani, albasa da tumatir. Simintin ne ya tare wuri.

"A fasa shi," in ji Malam Sama'ilu. "Abin da aka samu a ƙasa a watsa a kwazazzabo. Ya ci min gona ya isa."

Aka sa ranar Asabar.

A makon ne jikarsa Khairiyya, 'yar Lauwali, ta zo hutu daga Kazaure, inda take koyar da tarihi a makarantar 'yan mata, tana kuma ƙaro karatu. Ta zo da buhu guda na littattafai, duk a kan Turawan mulkin mallaka, wasu su suka rubuta da kansu bayan sun koma gida, wasu an rubuta a kansu. Tsohon ya leƙa buhun ya taɓe baki.

"Amarya, ni na zaci goro kika kawo wa mijinki. Ashe kayan kafirai kika kwaso."

"Haba tsoho, da wane haƙorin za ka ci goron? Zauna in karanta maka yadda suka ce sun wayar da ku."

Abin ya zame musu hira. Da hantsi sukan zauna a zaure, tana karantawa tana juya masa da Hausa, shi kuma yana zuba tsaki. Wannan ya ce shi ya kawo hanya, wancan ya ce shi ya dasa itatuwa. Malam Sama'ilu ya ce bai taɓa jin Baturen da ya ɗauki tulu ya yi wa itace ban ruwa ba. Yana jin daɗin zagin, kuma Khairiyya ta san haka.

Ranar Asabar da safe Lauwali ya ɗebi 'yan ƙwadago da guduma suka nufi gona. Khairiyya ta ɗauko wani littafi mai koren bango, ta nuna masa hoton marubucin, dogon mutum da lofe a baki.

"Wannan ma ya yi aiki a ƙasar Kazaure. Ya ce Mai Lofe ake ce masa."

Malam Sama'ilu ya yi dariya har da tari. "Ke dai an cuce ki. Mai Lofe yana kwance a gonata, yanzu haka ubanki ya tafi tashinsa. A kabari ya rubuta?"

Ta juya bayan littafin ta duba. "Kaka, nan an ce a ƙasarsu ya mutu, da tsufansa tukuf. Bayan ya bar aiki furanni ya koma shukawa."

Dariyar ta tsaya. Ya dube ta, ta dube shi. Daga can nesa aka jiyo saukar guduma ta farko, dum.

"To wa ke kwance a gonata?"

Khairiyya ta shiga buɗe shafuka da sauri har ta kai inda aka ambaci Roni. Babin kusan duk a kan doki ne. Baturen ya yabi gudunsa, ya yabi haƙurinsa, ya faɗi yadda yake hawan duwatsu, shafi bayan shafi. Tana bi da yatsa, sai yatsan ya tsaya. Leɓenta ya ci gaba da motsi, amma murya ba ta fita.

"Karanta," ya ce.

"Kaka, bari in kira Baba."

"Na ce ki karanta!"

Ta karanta. Baturen ya ce ya iso wani bariki ya tarar gari ya gudu, ba kowa sai mai kula da doki, wani Mamuda. A nan sanƙarau ya kama shi, Mamudan ya zauna yana ɗiga masa ruwa a baki har ya farfaɗo. Baturen yana miƙewa, ciwon ya kwantar da Mamuda, bai ƙara tashi ba. Kukun da ke dafa wa Baturen abinci, wani Musulmi mai suna Yakubu, shi ya yi masa wanka ya kwantar da shi yana fuskantar gabas a gindin tsamiya. Baturen ya ce akwai ragowar simintin gyaran bariki, sai ya sa aka zuba a kai don girmamawa, ko da yake kukun ya yi ta roƙon kada a yi, shi kuma bai gane dalilin wannan taurin kai ba. Ya ce ya bar saƙo a hanya a gaya wa matar Mamuda in ta dawo. Daga nan ya koma kan maganar doki.

Iyakar abin ke nan. Ko rabin shafi bai cika ba.

"Ƙarya ne," in ji Malam Sama'ilu, amma a hankali ya faɗa. "Ba a karɓar shaidar Bature. Mamuda nawa ne a duniya?"

Khairiyya ta juya shafin ta miƙa masa. Hoton dokin ne, ya cika shafi, an rubuta sunansa a ƙasa. Mutumin da ke riƙe da shi bai samu shiga ba, an yanke shi, sai hannunsa kaɗai da ya leƙo daga gefe riƙe da linzami. Tsohon ya kai littafin bakin ƙofa inda haske yake, ya kusanto da shi har yana taɓa hancinsa. Hannun hagu ne. A gefen ƙaramin yatsan akwai cindo.

Guduma ta sake sauka, dum.

Mutanen Gangaren Bariki har yau suna ba da labarin ranar da suka ga Malam Sama'ilu yana gudu. Ba takalmi, ba sanda, hula ta faɗi a hanya bai waiwaya ba. Ya faɗi a bakin rafi ya tashi, ƙaya ta yage masa ƙafa. Tun daga nesa yake ɗaga hannu, amma numfashi ya hana shi magana. Ya iske an riga an ɓalle kusurwa ɗaya, wani saurayi ya ɗaga guduma sama. Tsohon ya zube a kan simintin ya rungume shi.

"Baba, lafiya?" in ji Lauwali. "Ko wani abu ya taɓa ka a nan?"

"Kakanka ne," ya ce. "Lauwali, kakanka ne. Bai tafi ko'ina ba."

Hannunsa ya faɗa cikin kwarmin da fartanyarsa ta ci. Ya ɗaga kai ya dubi gabas, ya dubi yadda simintin ya miƙe daga kudu zuwa arewa, yadda ake shimfiɗa kowane Musulmi. Abin a fili yake tun ranar farko, ba wanda ya tsaya ya duba. Kwarmin kuwa ta wajen kai yake. Sai ya fashe da kuka, kuka mai sauti irin na yara, na kunya da baƙin ciki. 'Yan ƙwadagon suka ajiye kayansu suka koma gefe.

Da la'asar liman ya zo, gari ya biyo shi. An cire simintin duk da haka, amma da hannu, guntu guntu, don Malam Sama'ilu ya ce a sauke wa mahaifinsa wannan nauyi ya huta. Ba a tona ba. Aka tara ƙasa, tsohon ya kafa fasasshiyar tukunya da hannunsa, aka yi sahu aka yi addu'a. Da tsohon ya zo faɗin sunan mahaifinsa, sai da ya gwada sau biyu kafin ya fita, don harshensa bai saba ba. Mutanen da suka jefi wurin da kashin jaki suna yara, yanzu da furfurarsu, suka tsaya kowa kansa a ƙasa.

Washegari ya tafi maƙabarta inda Dela take. Ya daɗe a tsugune yana yi mata bayani, ya san kuwa ba a aika wa mamaci gyara. Ta mutu tana tsine wa mutumin da ke kwance kusa da inda take tsinkar kuɓewa. Wannan ya fi komai ci masa rai.

Lauwali ya haƙa rijiyarsa a wani gefen. Khairiyya ta koma Kazaure ta bar masa littafin, yana ajiye da shi a buɗe a shafin hoton. Tun daga ranar addu'ar ba a ƙara jin fito a gindin tsamiya ba, jakai ma in sun tsinke sai a same su a gonar wani suna ɓarna kamar kowane jaki. Mutanen gari suka yi hamdala, suka ce bawan Allah ya samu kwanciya.

Malam Sama'ilu ma ya yi hamdala. Amma kullum in rana ta take tsaka yakan ɗauki buzunsa ya tafi gindin tsamiyar, ya yi sallama, ya cire hula ya ajiye a gwiwa, ya karkata kunne. Bai san fuskar ubansa ba, bai san tsawonsa ba. Fiton nan shi ne kaɗai muryarsa da ya taɓa samu, shi kuma duk tsawon ransa toshe kunne yake yi.

Da Khairiyya ta sake zuwa hutu ta kai masa fura can. Ta same shi zaune, ido a rufe. Ya ɗaga mata hannun nan mai cindo, alamar ta yi shiru. Suka daɗe a haka, ba motsin komai sai ganyen tsamiya da ke zuba.

"Kunnena ya yi nauyi bana," ya ce. "Ke naki sabo ne. Kin ji wani abu?"

Ta kasa kunne da gaske, ta so ƙwarai ta ji.

"A'a, Kaka."

Ya gyaɗa kai, ya gyara zama a kan buzun.

"To ajiye furar. Bari mu ƙara jira kaɗan."