Fuskar Goggo

Kyamara ɗaya. Makirufo. Kwamfuta, da wayar caji da aka ɗaure da salatif. Ledar maganin ciwon gwiwa, saƙon Baba. Abin da ke kujerar bayan tasi ke nan lokacin da mai fim ta wuce katangar masaƙa.

Fim ɗin nata a kan matan da ƙarar injin saƙa ta kurmantar ne. Yawancinsu sun ƙi magana. Goggo, yayar babanta, ta yi, da ƙarfi kuwa, don ba ta jin kanta. Mai fim ta bi abin da aka koya mata a ƙasar waje: ta dusashe fuskar, ta sauya muryar. Yau ta zo nuna mata kafin a fitar.

Ta ɗora kwamfutar a kan keken ɗinki. Yaya, babban ɗan Goggo, yana tsaye a bakin ƙofa da kayan aiki. A masaƙar yake, a kan injin da uwarsa ta bari.

Goggo ta matso har hancinta ya kusa taɓa gilashin.

"Wace ce wannan kamar kwaɓin fulawa?"

"Ke ce, Goggo."

"Me?"

"Ke ce! Don kada a gane ki!"

"Muryar ma ta koma ta mage," in ji Yaya.

"Wannan ku ta dama, ni ba na ji. Ina hancina?"

"Iya, gara haka. In manaja ya gan ki, gobe ba ni da aiki. Yaran nan fim za su ci?"

Ba ta ji ba, amma ta karanta bakinsa. Duk wanda ya daɗe a masaƙa ya iya wannan.

"Ranar da na je ofishinsa na ce kunnena ya mutu, ko kai bai ɗaga ba," in ji ta. "Yau kuma 'yar ƙanina ta shafe ni."

Mai fim ta sunkuya daidai kunnenta. "Gaskiya Yaya ya faɗa. Za su iya korarsa. Sai abin da kika ce."

Goggo ta daɗe tana kallon ɗanta. Ya karkata kai, ya miƙo kunnen dama yana jiran amsa.

"Tun bara da kunne ɗaya kake saurarona," ta ce. "Ka ɗauka ban lura ba?"

Yaya ya gyara wuyansa. Ya koma tsakar gida.

Goggo ta miƙe da ƙyar, ta tura ƙofar ta rufe, ta gyara ɗankwali.

"Mayar mini da fuskata. Haka za a fitar."