Uwar da Ba Ta Ci Sai An Ci

Kwana da kwanaki Madam Sachie ba ta sa komai a bakinta ba sai ruwan shayi. Ɗanta ya riga ya faɗa wa Shamima a waya cewa idan mako ya ƙare a haka, gidan tsofaffi zai kai ta, a zura mata robar abinci ta hanci.

Shamima 'yar zangon Kumasi ce. Kullum daga unguwar Soundview take hawo jirgin ƙasa zuwa Manhattan don ta kula da tsohuwar, wadda ta ƙare ƙuruciyarta tana fitowa a fina-finai da wasannin talabijin a Japan, kafin mantuwa ta kama ta, ta kwashe mata har ɗan Turancin da ta iya. Shamima ta yi lallashi, ta canza miya, ta kai kuka ofishin da ya turo ta. Suka ce tsufa ne. Haka suke, mutum na ramewa a gabansu suna cewa tsufa ne. Abin da ba su manta ba shi ne jaddada mata doka: ma'aikaciya ba ta taɓa abincin gidan aiki, a bakin aikinta.

Da hantsi ta kunna mata tsoffin wasanninta don ta ɗebe kewa. Shamima ba ta jin ko kalma, amma tana da ido. A kowane wasa Sachie uwa ce, gashi baƙi a wannan, furfura a wancan. Tana durƙushe gefen tukunya tana zuba wa miji da 'ya'ya shinkafa. Ba ta ɗaukar nata kwano sai kowa ya kai loma.

Shamima ta dubi tiren abincin da ta saba ajiye wa tsohuwar ta tsaya a kai kamar 'yar sanda.

“Mama, ashe ke ma halin Hajiyata gare ki.”

Ta kawo tukunyar gaba ɗaya, da kwano biyu, ta zauna, ta miƙa nata da hannu biyu. Tsohuwar ta gyara zama. Hannunta mai rawar tsufa ya kama cokali daram, ya cika kwanon har da tozo.

Shamima ta yi bisimilla ta ci. Ba ta san me za ta ce wa ofis ba. Tsohuwar ta zuba mata ido har ta haɗiye, ta ture mata guntun kifi, sannan a hankali ta jawo nata kwanon.