Masarar Mama Dorcas

A takardar gwamnati, gidan Mama Dorcas gona ne. Ɗaki uku, kicin da rijiya a bayan kasuwar Sabon Tasha, amma ofishin filaye ya rubuta gona. Kuma a gaskiya ba laifin ofishin ba ne. A watan Agusta jirginsu marar matuƙi ya ɗauki hoton unguwar, lokacin da masarar Mama ta cinye tsakar gida, ta haye tubalin ginin ɗanta Shekari, har ta rufe rabin kwanon rufi. Wanda ya duba daga sama ba zai ga komai ba sai kore.

Mama mutuniyar Kachia ce, ba ta iya ganin ƙasa a zaune ba. Ko a tsohon bokiti ta ga ƙasa sai ta soka mata wani abu. Masarar nan kuwa daban ce: jan kara, jan gemu, irin da marigayi mijinta ya taho da shi daga ƙauye a aljihun riga. Duk shekara takan rataye goyo shida a saman murhu, hayaƙi ya tsare su har damina. Ba ta taɓa ba kowa ko ƙwaya ba. Maƙwabciyarta Comfort ta roƙa har ta gaji.

Matsalar ita ce ba a ba da izinin gini a gona, Shekari kuma yana son ɗaga ɗakinsa kafin aurensa a Disamba. Ya yi ta sintiri har aka sa ranar da za a zo a gani da ido.

"Mama, jibi za su zo," in ji shi. "In suka tarar da wannan dajin, me zan ce musu?"

"Ka ce su dawo bayan kaka."

"Fayil ɗin da ya koma ƙasa ba ya tashi, Mama. Kin sani."

Ta sani. Ta kuma san masarar ba ta ƙosa ba, ta saman murhu kuwa duk ta shiga ƙasa. In aka sare yanzu, irin Baban Shekari ya ƙare ke nan. Abin ya yi mata ciwo ƙwarai. Amma ɗa ya fi masara, ko da ja ce. Washegari ta karɓi adda daga hannun Shekari ta ce ita ta shuka, ita za ta sare.

Wadda ofishin ya aiko wata Malama Hauwa ce, mai fara'a. Ta zagaya ɗakunan, ta leƙa rijiya, ta ɗauki hotuna, sannan ta zauna ta ci ɗanyar masarar da Mama ta gasa, duk da ƙwayar ba ta cika ba.

"An gama, Mama. Gidan zama ne," in ji ta. Sai ta dubi tulin karan da ke gefe. "Ai da ba ki sare ba. Mu bango muke dubawa."

Shekari ya sunkuyar da kai kamar an kama shi da hannu a tukunya. Bakin alƙalami ya riga ya bushe, kuma murnar da Mama ta gani a fuskarsa da safe ta ishe ta.

Bayan baƙuwar ta tafi, ta tsaya a tsakar gidan da ya zama fayau. Rabon da ta ga katangar yamma da damina har ta manta. A can bayan katangar, kusa da kicin ɗin Comfort, wasu karare ne ke kaɗawa, dogaye, jajaye, kowanne da goyonsa. Nan take ta tuna shekarar da ta ƙirga goyo biyar a saman murhu ta ɗora wa ɓera laifi.

"Comfort," ta kira.

Aka ɗan jima kafin Comfort ta leƙo da kai ta saman katanga, da murmushin marar gaskiya. "Na'am, Mama?"

"Ashe ɓeran nan zane yake ɗaurawa." Mama ta gyara ɗankwalinta. "Kada ki kuskura ki gasa duka. In ta bushe, shida za ki kawo mini."